Baƙin Sama da Farantin Ful

Wasu samari, abokan ɗana, sun same ni a gida a unguwar Safa ta Jidda ɗauke da fitila mai zobe da ƙafafun ɗora waya, suka ce suna so in koya musu sana'ata kafin hutun ƙarshen mako ya ƙare. Wai za su buɗe tasha a intanet, su riƙa zagaya Jidda suna ɗaukar mutanen da suka ga halittu sun sauko daga sama. Ɗaya daga cikinsu haifaffen nan ne, Hausarsa tana ɗingishi. Ya ce, "Ammu, abin sahal ne, wallah. Ka kunna waya, mutum ya yi kalam, halas." Wato dai, Baffa, abin mai sauƙi ne, mutum ya yi magana shi ke nan. Na zuba musu shayi, na ce su tafi, zan rubuta musu amsa. Ga ta nan.

Ni likita ne, ko in ce na taɓa zama. Kwantiragi ya kawo ni Jidda, sashen ƙwaƙwalwa da jijiyoyi na wani asibitin kuɗi. Yanzu aikina shi ne binciken labaran baƙin sama, wato halittun da ake cewa suna zuwa daga wasu duniyoyi a cikin abin hawa mai siffar faifai, su ɗauki mutum, su dudduba shi, su dawo da shi ba ko sallama. Tun da na fara har yau ban yi ido biyu da ko ɗaya ba. Mai ɗakina takan ce duk Jidda ni kaɗai ne na bar ofis mai sanyi na shiga rana neman abin da ba na samu, kuma har in dawo gida ina cewa yau an yi aiki.

Wata dattijuwa mai sayar da goro da turare a unguwar Hindawiyya ita ce mafarin abin. 'Yarta ta kawo ta asibitinmu, ta ce mahaifiyarta ta ga wani abu mai ƙyalli ya sauka a kan rufin maƙwabta, gefensa kamar haƙoran zarto, yana juyawa. Sun kai ta wurin malami, ya yi abin da zai yi, ya ce wannan ba nasa ba ne. Ni kuwa a lokacin jinina yana tafasa, har na ɗauki alƙalami zan rubuta ruɗewar tsufa. Shugabana, Daktur Usman, wani tsohon Basudane mai tafiya kamar ba ya son isa inda za shi, ya zare alƙalamin daga hannuna ya sa a aljihunsa. Ya ja kujera ya zauna. Ya ce da matar, "Hajiya, faɗa mini." Daga nan bai ƙara cewa uffan ba har ta gama, ta sake farawa, ta sake gamawa. A zagaye na biyu ne ta ambaci cewa duk ranar da abin ya sauka, bayan tafiyarsa ɓarin kanta yakan sara har ta yi amai. Ciwon ɓarin kai ne, irin wanda haske yake riga ciwon zuwa.

Da muka fito, Daktur Usman ya ce mini matar nan ba ƙarya ta yi ba, ta ga abin da ta ce ta gani. Aikinmu shi ne mu gano inda abin yake tsaye, a kan rufi ko a cikin kai. Ya kuma hana ni wani abu da har yau ba na yi: kada in ara wa mai ba da labari kalma. Idan ka tambayi mutum ko halittar tana da manyan idanu, to daga ranar ta samu manyan idanu, kuma kai ka ba ta. Alƙalamina bai dawo mini da shi ba sai washegari.

Dattijuwar ta warke, ta koma ta ba da labari. A Hindawiyya labari ba ya buƙatar mota. Aka fara zuwa ana neman likitan da ba ya dariya. Da kwantiragina ya ƙare, ɗana ya mai da iƙamata, wato takardar izinin zamana a ƙasar, ƙarƙashin tasa, ni kuma na rataye farar riga na ɗauki jaka. Ba na rubuta magani, ba na yin allura. Ina saurare, in duba, in tura mutum inda ya kamata.

Ku da kuke ganin waya ta isa, bari in buɗe muku jakar. Akwai 'yar tocila ta duba ido, da abin awon jini, da abin awon suga, domin na sha ganin faifai ya ɓace bayan mutum ya ci dabino. Akwai rikoda, saboda labarin farko shi ne na gaskiya, sauran duk ado ne. Akwai taswirar hanyar jirage, don filin jirgi yana arewacin gari, kuma lokacin aikin Hajji jirage sukan jeru a sama suna jiran izinin sauka, fitilunsu a tsaye cak kamar ba sa motsi. Rabin baƙin saman Jidda alhazan Indunusiya ne. Sai flas ɗin shayi. Abu na ƙarshe ba ya shiga jaka, shi ne hannun dama a wanke. Ba na yi wa mutum tambaya sai mun ci abinci a kwano ɗaya. Wannan ma daga Daktur Usman na ɗauko shi, wanda yakan zauna a ƙasa da masu jinya ya ci abin da suka kawo, ko da kuwa ya san zai kwana yana shan maganin ƙwannafi.

Masu zuwa wurina iri-iri ne. Akwai injiniya mai mota da kwat, wanda zai rufe ƙofa ya ce kada matarsa ta ji. Akwai mai wankin mota da ya zo Umara ya maƙale, ba shi da iƙama, asibiti kuwa a wurinsa ƙofar jirgin komawa gida ce, don haka ciwon da ya kamata ya kai wa likita sai ya naɗe shi a labarin faifai ya kawo mini. Akwai maƙaryata, su ne mafi sauƙi, domin labarinsu ba ya da rami ko ɗaya. Mai gaskiya yakan ce na manta, ko ban sani ba. Akwai kuma 'yan tsiraru da na bi diddiginsu na ƙure ban gano komai ba. Wani masunci a Ruwais yana cikinsu. Na auna shi tun daga ka har ƙafa, lafiyarsa ta fi tawa, abin da ya gani a kan teku kuwa ba jirgi ba ne, ba tauraro ba. Na ce masa ban sani ba. Ya ce ai shi ma abin da ya zo faɗa mini ke nan, muka yi musabaha.

Shekarar korona ita ce shekarar da na so in jefa jakar a teku. An kulle kowa a gida, duk gari ya hau rufi bayan Magariba yana kallon sama don babu abin kallo a ƙasa. A daidai lokacin wani kamfani yake harba taurarin ɗan'adam a jere, sukan wuce kamar carbi mai haske. Wayata ta ƙi hutawa. Ba damar fita, ba damar cin abinci da kowa, ba damar duba idon mutum. Na zama mai amsa waya yana cewa a kwantar da hankali, na'ura ce. Wasu suka ji haushi, suka ce an saye ni. Ban san wanda ya saye ni ba, kuma har yau bai aiko da komai ba. Abin da ya fi damuna a shekarar shi ne, a cikin wannan hayaniyar tabbas akwai masu ciwo na gaske da muryarsu ta nutse ban ji ba.

Amma aikin da nake so ku ji shi ne na Malam Ilu.

Malam Ilu direban gida ne, mutumin ƙasar Katsina, dogo, mai yawan fara'a. Yana da iƙama mai kyau. Kafilinsa, wato ubangidan da ya tsaya masa a ƙasar, ya sakar masa mota da safe, yakan kwashi 'ya'yan wasu iyalai 'yan Najeriya a Safa ya kai su makaranta, ya ɗauko su da azahar. Yaran suna kiransa Ammu Ilu. Ranar da ba makaranta kuwa yakan karya kumallo a wani lungu a Hindawiyya, ƙofar shagon wani Bayamale mai ful da tamis, wato dafaffen wake da ake dama shi da mai da faffaɗan burodi mai zafi na tanda. Mutanenmu sukan shimfiɗa tabarma, a ajiye babban faranti ɗaya a tsakiya, kowa ya yagi burodi ya dangwala. Tela, mai ɗaukar kaya, mai gyaran takalmi, da dattijon wurin, Alhaji Mato, wanda ya zo ƙasar tun ana zuwa ta jirgin ruwa, in ji shi. Mutumin da ya baro iyalinsa a gida, wannan farantin shi ne danginsa.

A nan na fara jin sunan Malam Ilu, domin ya zama tauraron tabarmar. Baƙin sama suna ziyartarsa. Ana saya masa shayi don ya ba da labari, kuma da kowane kofi labarin yana ƙara gaɓa. Lokacin da na isa, halittun sun riga sun samu manyan kawuna da launin toka, daidai yadda suke a finafinan waya.

Na ci ful da su, sannan na ja shi gefe, ranar wata Alhamis da yamma, muka zauna a motarsa da rikoda. Na ce ya manta da abin da yake faɗa a tabarma, ya ba ni na ranar farko. Ya ce ranar farko bai ga kowa ba. Ƙauri ya ji, kamar ana ƙona taya. Sai wani abu ya taso masa daga ciki zuwa maƙogwaro, sai haske ta gefen hagu. Daga nan bai san komai ba, sai ya tsinci kansa lokaci ya wuce, jikinsa a mace. Ya nuna mini gefen harshensa inda ya ce sun yanki nama don gwaji. Tabon haƙori ne, nasa. Na haska idonsa, na shafa kansa, na ji wani tsohon tabo a bayan kunne. Ya ce babur ne ya kayar da shi a gida tun yana saurayi.

Na ce, "Malam Ilu, sun taɓa zuwa kana tuƙi?"

Ya ce, "Sau ɗaya, Daktur. Wajen Ruwais. Na farka na ga mota ta hau dakalin titi ta tsaya, yara suna cewa Ammu, lesh, me ya sa ka tsaya? Allah Ya kiyaye, ba abin da ya same su."

 Na san iyayen wasu daga cikin yaran. Biyu 'ya'yan wata nas ne da muka yi aiki tare.

Na kashe rikoda. Na ce abin da yake samunsa yana da suna, yana da magani, kuma ina da abokin aiki da zai duba shi a asirce. Ya ɗaga hannu ya ce, "Kada ka faɗa." Ashe ya sani. Ya daɗe da sani. Ya ba ni labarin wani ɗan baffansa a ƙauye mai farfaɗiya, wanda aka ware wa kwano da moɗa, yake cin abinci shi kaɗai a bayan rumbu har ya mutu, domin mutanenmu sun ɗauka yawun mai wannan ciwo yana yaɗa shi. Ya ce, "Daktur, mutumin da baƙi suka ɗauka ana saya masa shayi. Mai wancan ciwon kuwa ko kofinsa ba a taɓawa. Kai da kanka wanne za ka zaɓa?"

Na ce ba a ɗaukarsa ta yawu, ba a ɗaukarsa ta komai. Ya ce wannan a asibiti ne.

Sai ya kawo shawara, kuma ba shawarar banza ba ce. Ya ce zai ajiye tuƙin yara, amma ni in gaya wa iyayensu da mutanen tabarma cewa bincikena ya nuna halittun suna bin motarsa ne. Ni za a yarda da ni. Yara su tsira, shi ya tsira da mutuncinsa.

Ku da kuke cewa abin sahal ne, ku tsaya a nan ku yi tunani. Ƙarya ɗaya ce, kuma mai amfani. Amma idan na yi ta, mutumin nan ba zai taɓa shan magani ba, zai ci gaba da tuƙa matar kafilinsa a babban titi, kuma duk wanda ya ji ƙaurin taya a Hindawiyya daga ranar zai kalli sama maimakon ya nemi likita. Na ce, "Ban gan su ba, Malam Ilu. Ba na sa hannu a kan abin da ban gani ba."

Ya ce, "Ai ba ka ce babu su ba."

Na ce, "Ban ce ba. Sirrinka naka ne, ba zan ambaci sunan ciwon ga kowa ba. Amma 'ya'yan na mutane ne. Lahadi da safe, ranar komawa makaranta, babu yaron da zai shiga motar nan, ko da bakinka ko da nawa."

Ya buɗe mini ƙofa na fita. Ranar Juma'a na kira shi, bai ɗauka ba. Na ji tsoro, na kuma ji tausayinsa, ban san wanne ya fi ba.

Asabar da safe na tafi lungun. Yana nan a tsakiyar tabarma, ya gaishe ni kamar ba abin da ya faru, ya matsa mini na zauna a gefensa. Labari yake bayarwa, kuma tun daga Alhamis halittun sun samu yatsu uku-uku. Bayamale ya kawo faranti yana tururi, aka yi Bismilla, hannuwa suka shiga. Muna cikin ci Malam Ilu ya tsaya a tsakiyar magana ya ce, "Kun ji ƙauri?"

Babu wanda ya ji.

Idanunsa suka kafe a kan bango. Leɓɓansa suka fara motsi kamar mai tsotsar alewa. Hannunsa na dama yana cikin ful, yana murza waken da yatsu a hankali. Yawu ya biyo gefen bakinsa ya ɗiga a bakin farantin. Bai faɗi ba, bai yi kakari ba, wannan irin ba ya kayar da mutum. Na dafa kafaɗarsa, na janye kofin shayi mai zafi daga gabansa. Telan, wani mutumin Maraɗi, ya miƙe tsaye ya ɗaga kai yana neman faifai. Babu komai a sama sai wayoyin lantarki da shanyar wani gida.

Alhaji Mato ne ya yi magana, a hankali, da tausayi ma. Ya ce, "Wannan ba baƙi ba ne. Farfaɗiya ce."

Ban taɓa ganin hannuwa sun bar abinci da sauri haka ba. Kowa ya ja jiki baya, wani yana goge yatsu a wando, wani yana tofar da lomar da ke bakinsa. Bayamale ya taho da sauri yana cewa yalla yalla zai ɗauke farantin ya zubar. Na riƙe gefensa na ce ya bari.

Na yagi tamis, na dangwala daidai inda hannun Malam Ilu ya dama, na kai baki. Kaina ya san babu komai, na karanta, na koyar, na faɗa wa mutane ba adadi. Amma ni ma a gidan da ake ware kwano aka haife ni, kuma maƙogwarona bai je makaranta ba. Lomar farko sai da na tura ta da shayi. Ta biyu ta wuce da kanta.

Bai daɗe ba Malam Ilu ya dawo hayyacinsa. Ya ƙifta ido, ya dube ni, ya ce, "Sun zo ko?"

Na ce, "Ina zaune a nan tun farko, Malam Ilu. Babu wanda ya zo."

Ya dubi hannunsa da ya yi kaca-kaca da wake. Ya dubi mutanen da suka yi shekaru suna ci tare, kowa hannunsa a kan cinya, kowa idonsa a tabarma. Ya dube ni ina tauna. Na ce, "Ci abinci, yana hucewa." Ya goge bakinsa da gefen riga. Ya sa hannun hagu a aljihu, ya ciro makullin mota, ya ajiye a gabana kusa da burodi. Sannan ya yagi tamis, muka ci gaba mu biyu.

Alhaji Mato ya daɗe yana kallona. Ya ce, "Daktur, ka tabbata?"

Na ce, "Na tabbata, Baba."

Ya ce, "To, idan ta kama ni gidanka zan tare, kai za ka yi jinya." Ya matso ya miƙa hannu. Telan ya zauna ya ce shi dama ya ƙoshi. Mutum biyu suka sa takalmi suka tafi, ba su ƙara zama a tabarmar ba.

Wannan ita ce rana ɗaya tak a duk aikina da aka yi saukar baƙin sama ina wurin, da jakata da rikodata, kuma ko hoto ban ɗauka ba. Malam Ilu ya je wurin abokin aikina, an ɗora shi a magani, abin ya lafa ƙwarai. Ni na raka shi wurin kafilinsa. Mutumin ya yi faɗa, ya sauko, ya mai da shi shagonsa yana jera kwalaye. Tuƙi dai ya ƙare, kuma na san yana kewar yaran, domin har yanzu yakan tambaye ni wane aji suke. Wani lokaci idan hira ta yi daɗi yakan ce shi fa ya ga yatsu uku. Ba na musu da shi.

To, ga amsarku. Ku bar fitilar a gida, lungun yana da haske. Ku same ni ranar Asabar da safe a ƙofar shagon Bayamale. Ni ina zama a hannun daman Malam Ilu. A hagunsa akwai wuri, tun daga ranar ba a cika zama a nan ba. Ku wanke hannu.